Yadda Za Ka Nazarci Buɗewar Siyasa a Taiwan, Hong Kong da Babban Yankin Sin

Ɗalibin da ke son fahimtar tafiyar dimokuraɗiyya a ƙasashen da ake magana da Sinanci ya fara da ajiye tambayar nan da ake yawan yi, wai ko al'adar Sinawa ta dace da zaɓe, domin ba ta kai mai bincike ko'ina. Mutanen Taipei da na Beijing da na Hong Kong da yawancin mutanen Singafo suna da tushen rubutu da tarbiyya iri ɗaya, amma siyasarsu ta sha bamban ƙwarai. Tambayar da ta fi amfani ita ce: shin jam'iyyar da ke kan mulki za ta iya faɗuwa zaɓe, kuma idan ta faɗi za ta sauka? Ka riƙe wannan ma'auni a kowane wuri da ka duba.

Daga nan sai ka koyi bambance sassauci da miƙa iko ga jama'a. Gwamnati tana iya sakin fursunonin siyasa, ta ƙyale jaridu su yi ƙorafi, har ta shirya zaɓen ƙauye, alhali tana riƙe da ikon janye duk wannan a duk ranar da ta ga dama. Shekarar 1987 ta isa misali. A cikinta ne Taiwan ta ɗage dokar soja, a cikinta ne kuma Beijing ta amince da dokar gwaji ta zaɓen kwamitocin ƙauyuka. Matakin farko ya kai ga zaɓen shugaban ƙasa cikin shekara tara, na biyun kuwa bai taɓa haurawa zuwa zaɓen gwamnan lardi ba.

Ka ba Taiwan mafi yawan lokacinka, saboda a can ne kaɗai tafiyar ta kai ƙarshe. Kada ka fara daga 1987 kamar yadda masu gaggawa ke yi. Ka koma ga 28 ga Fabrairun 1947, lokacin da boren 'yan tsibirin ya ɓarke, sojojin jam'iyyar Kuomintang, wadda ke mulkin Sin a lokacin kafin 'yan Kwaminis su kore ta zuwa Taiwan a 1949, suka murƙushe shi da kisan dubban mutane, sannan ka wuce zuwa dokar sojan da aka kafa a 1949 wadda ta shekara 38. A wannan zamanin akwai abubuwa biyu da ya kamata ka lura da su tare. Na ɗaya, 'yan majalisar da aka zaɓa a babban yankin Sin a 1947 da 1948 sun ci gaba da zama a kujerunsu fiye da shekara arba'in ba tare da sabon zaɓe ba, bisa hujjar cewa suna wakiltar Sin baki ɗaya. Na biyu, tun farkon shekarun 1950 gwamnatin ta bar zaɓen ƙananan hukumomi yana gudana, kuma a nan ne 'yan takarar da ba na jam'iyya mai mulki ba, waɗanda aka sani da Dangwai, suka koyi yaƙin neman zaɓe da sa ido a kan ƙirgar ƙuri'a. A ganina wannan horo na shekara talatin shi ne abin da aka fi mantawa da shi idan ana ba da labarin Taiwan.

Sai ka bincika dalilin da ya sa Shugaba Chiang Ching-kuo na Taiwan, wanda ya daɗe yana jagorantar hukumomin leƙen asiri a zamanin mulkin mahaifinsa Chiang Kai-shek, ya sassauta. Kada ka yarda da bayanin da ya mayar da komai ga kirkin mutum ɗaya. Gwamnatin Kuomintang ta rasa kujerarta a Majalisar Ɗinkin Duniya a 1971, Amurka ta mayar da huldar jakadancinta zuwa Beijing a farkon 1979, saboda haka iƙirarin mulkin Sin gaba ɗaya ya rasa tushe, ya zama dole a nemi yardar mutanen tsibirin. Matsin cikin gida ma bai tsaya ba. Bayan gangamin 'yan adawa a birnin Kaohsiung na 10 ga Disambar 1979 an ɗaure jagororin adawa, amma shari'ar da aka yi musu ta ƙara musu farin jini. Ɗaya daga cikin lauyoyinsu, Chen Shui-bian, ya zama shugaban ƙasa a 2000, kuma Annette Lu, wadda aka ɗaure a wannan shari'a, ita ce ta zama mataimakiyarsa. Da 'yan adawa suka kafa jam'iyyar Ci Gaban Dimokuraɗiyya (DPP) a Satumbar 1986, dokar ƙasa ba ta yarda da hakan ba, amma Chiang bai sa a kama su ba.

Ka rubuta jerin matakan da suka biyo baya da shekarunsu, domin tsarin zuwansu yana da muhimmanci. An ɗage haramcin kafa sababbin jaridu a 1988, ɗalibai sun yi zaman dirshan a Taipei a Maris na 1990 har Shugaba Lee Teng-hui ya karɓi wakilansu, tsofaffin 'yan majalisa sun sauka a ƙarshen 1991, an zaɓi sabuwar majalisar dokoki gaba ɗayanta a 1992, aka kuma yi zaɓen shugaban ƙasa kai tsaye a 1996 yayin da Beijing ke gwajin makamai masu linzami a kusa da tsibirin. Mulki ya sauya hannu a 2000 da 2008 da 2016.

Da wannan a hannunka, ka kwatanta zaman ɗaliban Taipei da na dandalin Tiananmen da ke Beijing a 1989, waɗanda tsakaninsu wata tara ne kawai. A Beijing ma akwai shugaban da ya so a saurari ɗalibai, wato Zhao Ziyang, sakataren jam'iyyar Kwaminis, sai dai dattawan jam'iyya ƙarƙashin Deng Xiaoping sun rinjaye shi, sojoji suka buɗe wuta a daren 3 zuwa 4 ga Yunin 1989, shi kuma ya ƙare rayuwarsa a tsare a gida har ya rasu a 2005. Kuomintang ta buɗe fage ne tana da tabbacin cewa za ta iya cin zaɓe, kuma ta ci. Jam'iyyar Kwaminis ba ta taɓa gwada kanta a irin wannan fage ba. Ka bi labarin zuwa ɗaurin shekara 11 da aka yi wa marubuci mai fafutukar dimokuraɗiyya Liu Xiaobo a 2009 da cire iyakar wa'adin shugaban ƙasa a 2018.

Hong Kong, yankin da Birtaniya ta mayar wa Sin a 1997, za ta koya maka abin da ya fi ɗaci, wato cewa 'yancin faɗar albarkacin baki da kotuna masu zaman kansu ba su da kariya idan iko na ƙarshe yana hannun wata hukuma da jama'a ba su zaɓa ba. Ka karanta sashe na 45 na Babbar Dokar yankin, wanda ya ce burin ƙarshe shi ne kowa ya kaɗa ƙuri'a wajen zaɓen shugaban yankin, sannan ka auna shi da abin da ya faru: zanga-zangar 2014 da ta 2019, dokar tsaron ƙasa ta 30 ga Yunin 2020, rufe jaridar Apple Daily mai goyon bayan dimokuraɗiyya a 2021, da sauyin da ya bar kujeru 20 kacal cikin 90 na majalisa ga zaɓen kai tsaye. Singafo kuwa ka ɗauke ta a matsayin gwajin ma'auninka, domin ana zaɓe a kai a kai, 'yan adawa suna da kujeru, amma jam'iyya ɗaya, wato PAP, ce ke mulki tun 1959.

Game da inda za ka samo bayani, ka tuna cewa sashen Hausa na Rediyon Sin yana bayyana matsayin gwamnatin Beijing ne, yana da amfani wajen sanin abin da take so a ji, amma ka haɗa shi da jaridun Taiwan na ɓangarorin biyu, masu goyon bayan Kuomintang da masu goyon bayan DPP. Idan kana bin labarin yau, ka sa ido a kan majalisar dokokin Taiwan, domin a zaɓen 2024 Lai Ching-te na DPP ya ci shugabanci da kusan kashi 40 cikin ɗari, jam'iyyarsa kuma ta rasa rinjaye a majalisa, saboda haka duk wani kasafin kuɗi da duk wata doka sai ya bi ta hannun 'yan adawa.