Ƙyanƙyasar 'ya'yan kunkurun teku: kurakuran da aka fi tafkawa da yadda za a gyara su

Duk wanda ya taɓa ganin 'ya'yan kunkurun teku suna ɓullowa daga cikin yashi suna rige-rigen shiga ruwa ya san abun akwai ban tausayi, kowannensu tsawonsa wajen santimita 5 ne kacal, ga kaguwa tana dako a bakin raminta ga tsuntsaye suna shawagi a sama. To wannan tausayin shi ne yake jawo ɓarna. Yawancin kurakuran da ake yi lokacin ƙyanƙyasa masu son taimako ne suke yinsu, sun ga ɗan abu yana fama sai hannu ya riga tunani.

Mu fara da abun da mutane da yawa suke ɗauka, wai uwar tana kwanci a kan ƙwai kamar kaza ko tana nan kusa tana gadi. Sam. Uwar tana fitowa ne yawanci da dare, ta ja jiki zuwa inda ruwa baya kaiwa, ta tona rami da ƙafafunta na baya, ta zuba ƙwai wajen 100, wani jinsin ƙasa da haka wani sama, ta rufe ta watsa yashi dan ɓatar da sawu ta koma teku, shikenan ita da su har abada. Bayan kamar sati biyu zata iya dawowa ta sake wani gurbin, sau da yawa a kaka ɗaya, amma bata leƙa na baya. Zafin yashi ne yake yin aikin kwanci. Dan haka in ka ga gurbi ba uwa a kusa kada ka ce marayu ne ka kwashe, haka abun yake tun asali. Haka kuma ruwan da ake gani yana zubo mata daga ido lokacin da take saka ƙwai ba kukan naƙuda bane, gishirin da ya yi mata yawa a jiki take fitarwa, ko a cikin ruwa tana yi, a tudu ne dai ake lura.

Sai batun lokaci. Akwai masu cewa sai daren da wata ya cika suke fitowa, har zaka ga mutum ya tsara tafiyarsa da kalandar wata. Babu ruwansu da cikar wata. Lissafin daga ranar da aka saka ƙwan yake farawa, kwana 45 zuwa 70, galibi dai wajen wata biyu, in yashin ya yi ɗumi sosai su yi sauri in da sanyi ko an sha ruwan sama su ɗan jinkirta. Kakar kuma ta danganta da inda kake a duniya. A Fulorida ta Amurka tsakanin Maris da Oktoba ake harkar, a tsibiran Kef Bade na yammacin Afirka jinsin kunkurun da ake kira mai ƙaton kai yana saka ƙwai ne daga tsakiyar shekara zuwa wajen Oktoba, a Gabon inda jinsin da ake kira mai bayan fata ya fi taruwa abun ya fi kankama a Disamba da Janairu, a gaɓar Mon Repos ta Ostireliya kuwa daga Janairu zuwa Maris ake kallon fitowar yaran. Gyaran mai sauƙi ne, ka tambayi masu kula da gaɓar da zaka je, su ne suke da ranar da aka saka kowane gurbi a rubuce.

Kuskuren da ya fi kashe ƙwai shi ne ɗauka a canza masa wuri. Mutum zai ga gurbin ya yi kusa da ruwa, kuma gaskiya ne in ruwa ya kwanta a kai ya daɗe ƙwan yana mutuwa saboda ta ɓawo yake shaƙar iska, sai ya tone ya loda a bokiti ya kai gaba ya binne yana ganin ya yi abun kirki. Matsalar ita ce awanni kaɗan bayan an saka ƙwai ɗan tayin yana manne wa ta saman ɓawon daga ciki, har wani farin tabo yake fitowa a wurin, in ka juya ƙwan ko ka girgiza shi sai abun ya ɓalle ya mutu ba tare da ka ga komai a waje ba. Ƙwararru ma in dole ta sa zasu matsar da gurbi suna yi ne cikin awannin farko, kafin a wuce kamar awa 12, ɗaya bayan ɗaya ba tare da juyawa ba, sannan su tona rami mai zurfi da siffa irin na uwar. Ga kuma wani abu da ba kowa ya sani ba, zafin gurbi ne yake yanke ko mace za a samu ko namiji. Wajen digiri 29 a ma'aunin Salshiyas ana samun rabi da rabi, in ya haura 31 kusan duk mata, in ya sauka ƙasa da 28 kusan duk maza. Wani bincike da aka fitar a 2018 kan koren kunkuru na arewacin babban jerin duwatsun murjani da ke tekun Ostireliya ya gano sama da kashi 99 cikin 100 na matasan mata ne saboda ɗumamar yashi. Kenan kai da ka matsar da gurbi daga inuwa zuwa rana, ko ka binne shi sama-sama, ka taɓa abun da ya fi ƙarfinka. Ka sa alama a gefe, ka sanar da masu kula, ka bar musu.

Yanzu ga wanda ni a ganina ya fi wuyar daurewa. Ƙyanƙyashewa daban fitowa daban, kuma tsakaninsu akwai kwanaki. Ɗan kunkuru yana fasa ƙwai da wani ɗan tsini a kan hancinsa wanda daga baya yake faɗuwa, amma in ya fito a naɗe yake, ragowar gwaiduwa tana maƙale a cibiyarsa, sai ya zauna a ƙarƙashin ƙasa jikinsa ya miƙe cikinsa ya shanye gwaiduwar, wadda ita ce guzurinsa na tafiyar da ke gaba. Daga nan sai su fara hawa gaba ɗayansu, na sama suna ƙwaƙulo yashi na ƙasa suna tattake shi, a hankali duk tarin yana tasowa, wannan kan ɗauki kwana 3 zuwa 7. In sun zo dab da sama suka ji yashin da zafi sai su yi lamo, ba motsi, har dare ya yi ko ruwan sama ya sanyaya wurin. A lokacin ne zaka ga saman gurbin ya ɗan lotsa, wani lokacin har ka hango kai ɗaya ko biyu a waje idanu a rufe kamar sun mutu. Anan mutane suke sa hannu su tono su wai sun maƙale. Basu maƙale ba, jira suke. In ka tono su ka fito da waɗanda basu gama shanye gwaiduwa ba, ka kuma jefa su a rana tsaka inda zafi da tsuntsaye zasu gama da su. Masu aikin ma sai kamar kwana 3 bayan babbar fitowa suke buɗe gurbi su ƙirga ɓawo su ciro 'yan ragowar da suka makara.

Sai haske, wanda shi ne babba. Yaran nan basu san teku ba, basu taɓa ganinsa ba, abun da suke bi shi ne ɓangaren da ya fi haske kuma ya fi buɗewa a ƙasa-ƙasa, suna gudun ɓangaren da duhun tudu da bishiyoyi yake. A gaɓar da ba mutane wannan ɓangaren shi ne teku, ko da wata ko babu. To ka kunna fitilar otal ko ta titi ko ka haska tocilar waya, shikenan ka zama teku, zasu juyo su biyo ka, wasu su ƙare a kan kwalta, wasu a kwata, wasu su yi ta zagaye a ƙarƙashin fitila ɗaya har gari ya waye ƙarfinsu ya ƙare. Wutar da ake hurawa a bakin ruwa dan hira ita ma haka, suna iya faɗawa cikinta kai tsaye. Filashin kyamara kuwa kada ma a soma. Shi ya sa garuruwan bakin teku da yawa a Fulorida suke da dokar fitilu a kakar ƙwai. In kana da gida ko masauki a gaɓa ka kashe fitilun da ake hangowa daga yashi, ka ja labule, wadda ba yadda za a yi a kashe a sauke ta ƙasa a yi mata rufi ta ɓangaren teku a sa mata ƙwan fitila ja ko ruwan goro, irin wannan hasken bai cika jansu ba. Amma fa jar tocila ma ba lasisin haska musu ido bane, kuma manna jar leda a kan farar tocila ba lallai ya wadatar ba. Ka tsaya ta bayansu, ka bar idonka ya saba da duhu, zaka gansu.

Ɗaukarsu a kai su ruwa shi ma kuskure ne duk da kana ganin ka rage musu wahala. Rarrafen nan yana tayar musu da jiki kafin iyo, kuma masana irin su Kenneth Lohmann na Jami'ar North Carolina sun nuna kunkurun teku yana amfani da maganaɗisun ƙasa wajen gane hanya, ana kuma ganin tun yana ƙarami yake riƙe alamar yankin da aka haife shi, shi ya sa mace bayan shekara 20 ko 30 take dawowa yankin ta saka nata ƙwan. In taguwar ruwa ta dawo da su kan yashi kada ka motsa ƙafa, ka tsaya cak har ruwan ya janye, da yawa a nan ake taka su. Mafi muni shi ne a zuba su a bokitin ruwa a ajiye sai da safe dan a yi hoto. Da zarar sun ji ruwa suke fara wani iyo na ba ƙaƙƙautawa wanda a teku yake ɗaukar awa 24 ko fiye, da shi suke tsere wa kifayen bakin gaɓa su kai can ciki inda ciyawar ruwa take yawo su ɓuya, to a bokiti zasu ƙone wannan guzurin suna zagaye a banza.

Ƙananan abubuwa kuma da ba a ɗauka komai ba, ramin da yara suka tona da rana, kujerun da aka bari, sawun tayar mota, tarkacen raga da leda, duk tarko ne ga abun da bai kai tsawon yatsa ba. A cike rami a kwashe kaya kafin magariba, kare kuma a ɗaure shi dan yana jin ƙanshin gurbi yana tonewa.

Akwai masu jin an ce ɗaya cikin 1,000 ne yake kai wa girma sai su ce to ɗaukar guda ɗaya a kai gida ai ba komai. Wannan adadin kiyasi ne, kuma shi ne ma dalilin da ya sa ba a da rarar da za a yi wasa da ita. Jinsi 7 ne kacal a duniya, dukkansu yarjejeniyar CITES, wadda take kula da cinikin namun daji da tsirrai masu fuskantar ƙarewa, ta hana cinikinsu tsakanin ƙasashe, a ƙasashe da dama taɓa su ma ba izini laifi ne, sannan a ruwan famfo a cikin roba ba zai yi rai mai tsawo ba. In ka tsinci ɗaya da rana ya galabaita ko ya ɓata hanya ya nufi titi, kada ka wurga shi teku dan wanda ya gaji nutsewa yake, kuma kada ka ba shi abinci. Ka kira masu kula da namun daji na wurin tukuna, in sun ce ka riƙe shi kafin su iso to ka sa shi a mazubi mai ɗan jiƙaƙƙen yashi ba ruwa a ciki, ka rufe da tawul ta yadda iska zata shiga, ka ajiye a inuwa nesa da na'urar sanyaya ɗaki, su sun san lokacin da zasu sake shi bayan duhu ya yi.