Yadda ake neman izinin kare kai a kotun Indiya idan mai kawo maka kaya ya kai ka ƙara kan kuɗinsa

Wannan na 'yan kasuwarmu ne masu hulɗa da kamfanonin Indiya, musamman wanda ya sa hannu a yarjejeniyar da ta ce in rigima ta taso kotun can ce za ta saurara. A can akwai wata ƙara ta gaggawa ƙarƙashin Oda ta 37, wato wani babi na dokar shari'o'in madaniyya ta 1908, ana amfani da ita wajen bin bashin da adadinsa ya fito fili a rubutacciyar yarjejeniya, ko cak, ko takardar alkawarin biya. A irin wannan ƙarar ba ka da damar kare kanka kai tsaye, sai ka roƙi kotu ta ba ka izini tukuna, in ba ka samu ba shikenan an yanke maka hukunci ba tare da an ji shaidunka ba.

Da sammaci ya iso hannunka, kwana 10 kacal gare ka ka sanar da kotu ka bayyana, kai da kanka ko ta bakin lauya, ka kuma ba da adireshin da za a riƙa aiko maka takardu. Dan Allah Alhaji kar ka jefa takardar a durowa wai sai ka kira mutumin kun sasanta a waya, domin in kwanakin nan suka wuce kotu za ta ɗauka duk abin da ya faɗa a ƙararsa ka amince da shi ne.

Bayan ka bayyana, mai ƙara zai aiko maka sammaci na biyu, na neman hukunci, tare da takardar rantsuwarsa cewa shi a ganinsa ba ka da wata kariya. Daga ranar da wannan ya same ka akwai wasu kwana 10, a cikinsu ne za ka shigar da buƙatar izinin kare kai. In an makara saboda dalili mai ƙarfi kotu na iya yin afuwa, amma ni dai ba zan so kowa ya dogara da wannan ba.

Takardar rantsuwarka ita ce komai. "Ba ya bina ko sisi" ba kariya ba ce, alƙali so yake ya ga magana mai kama hankali wadda sai an zauna shari'a za a warware ta. Kayan da aka kawo ba su kai adadin da ke inbois ba? Kawo takardar karɓar kaya. Sun zo a lalace ko ba irin wanda aka yi oda ba? Kawo imel ko saƙon WhatsApp da ka yi ƙorafi tun a lokacin, don ƙorafin da bai taso ba sai bayan an kai ka kotu alƙalai kallon dabara suke masa. Ka biya wani ɓangare, to ina shaidar banki. Ko kuma ma ba kai ne ka sayi kayan ba, wakili kawai kake. Irin wannan hujjar ce kamfanin B.L. Kashyap ya kawo lokacin da JMS Steels ta kai shi ƙara kan kuɗin ƙarfen da ta kai wurin wani gini, ƙananan kotuna suka hana shi izini, amma a 2022 Kotun Ƙolin Indiya ta ba shi, ta kuma nanata cewa ba da izinin shi ne asali, hanawa sai in kariyar ta zama ta banza ƙarara.

Sai abin da kotu za ta iya yi, wanda hukuncin Kotun Ƙolin Indiya na 2016 a shari'ar kamfanonin IDBI Trusteeship da Hubtown ya shimfiɗa. In kariyarka mai ƙarfi ce ko akwai batu na gaskiya da ya cancanci a saurara, za a ba ka izini ba sharaɗi. In alƙali na shakkar gaskiyarka, ko maganar taka tana iya yiwuwa amma da wuya, zai iya cewa ka ajiye kuɗi a kotu ko ka kawo jingina kafin a ci gaba. In kuwa soki-burutsu ne kawai sai a hana, mai ƙara ya samu hukunci nan take.

Wurin da mutane suka fi faɗawa shi ne amsa wani ɓangare na bashin. Idan ka rubuta cewa eh ana binka kaza amma sauran ne ba ka yarda ba, to ba za a ba ka izini ba sai ka ajiye wannan kazan a kotu, saboda haka ka tanadi kuɗin tun kafin lauyanka ya shigar da takardar.

In har an riga an yanke hukunci a bayan idonka, Odar ta ba kotu ikon soke shi amma sai da wani yanayi na musamman, kuma a nan ma sai ka nuna kariyar da da ka kawo. Masu shari'a a Najeriya za su ga abin ya yi kama da tsarinmu na jerin ƙararrakin da ba a karewa, sai dai kwanakin da ƙa'idojin sun bambanta, don haka lauyan da ke aiki a kotun can za ka nema.