Ba kowace sata ce fashi ba: kurakuran masu kai ƙara ofishin 'yan sanda

Kuskuren da ya fi yawa, kuma ya fi ɓarna, shi ne kiran duk wata sata "fashi". Mutum ya tashi da safe ya tarar an haura katanga an sace janareto, ya garzaya ofishin 'yan sanda ya ce an yi masa fashi da makami. A doka wannan fasa gida ne da sata. Final Kod, kundin dokokin hukunta laifuffuka da jihohin Arewa suka gada tun 1960, ya raba su sarai: sata ɗaukar kayan wani ce ba da yardarsa ba, sai ta zama fashi idan ɓarawo ya ji wa mutum ciwo, ko ya tsare shi, ko ya razana shi da kisa ko rauni nan take don ya karɓe kayan ko ya gudu da su. Haura katanga, ɓalle kwaɗo, shiga ta taga, duk fasa gida ne, kuma hukuncinsa ya fi nauyi idan an yi shi tsakanin faɗuwar rana da fitowarta. Don haka faɗi lokacin daidai.

Bambancin ba ƙarami ba ne. Dokar fashi da makamai ta 1984 ta sa wa fashi ɗaurin da bai gaza shekara 21 ba. Idan akwai makami, hukuncin kisa ne, har ga wanda ya je hannu sake amma yana tare da mai makamin. Makami kuwa ba sai bindiga ba: wuƙa, adda, gora, ko dutse sun isa. Babbar kotun jiha ce ke sauraron wannan shari'a, majistare sai dai ya tura wanda ake tuhuma gidan yari ya jira shawarar ma'aikatar shari'a, watanni na tafiya.

To, kai da ka ƙara wa maganarka gishiri don haushi, ka san abin da ka yi? Ko dai ka jefa yaron unguwa cikin tuhumar da za ta ci ransa a kan wuƙar da ba ka gani ba, ko kuma lauyansa ya kama saɓani tsakanin bayaninka na farko da shaidarka a kotu, shari'ar ta rushe, ɓarawon gaske ya fita yana dariya. Gyaran mai sauƙi ne. Faɗi abin da idonka ya gani: mutum nawa, me ke hannunsu, me suka ce, wace fitila ke kunne. Bar wa mai gabatar da ƙara aikin sa wa laifin suna.

Na biyu, sayen kayan ɓagas. Waya babu kwali, babu rasidi, a rabin kuɗinta, ka ce ka tsinci dami a kala? Sashe na 167 na dokar shaida ta 2011 ya ba kotu damar ɗauka cewa wanda aka samu da kayan sata jim kaɗan bayan satar, shi ne ɓarawon ko mai karɓar kayan sata, sai ya kawo bayani mai gamsarwa. Idan kayan fashi ne, hukuncin mai karɓarsu ɗaurin rai da rai ne. Karɓi rasidi mai lambar IMEI, wato lambar shaida ta musamman da kowace waya ke da ita, ka rubuta sunan mai shago da lambar shagonsa.

Sauran a taƙaice. Kada a gyara ƙofar da aka ɓalle kafin a ɗauki hotonta. Kada ka sa hannu a bayanin da ba a karanta maka da harshen da kake ji ba. Wanda ake zargi kuma, idan yana wani wuri lokacin da abin ya faru, ya faɗa tun a bayaninsa na farko, da sunan wurin da waɗanda suka gan shi. Wanda ya ajiye wannan hujja sai a gaban alƙali, kotu ba ta cika ba ta nauyi ba, domin 'yan sanda ba su samu damar bincikarta ba.