Yadda Ake Gina Ƙasar Hasashe Domin Leƙen Awo na Huɗu

Duk abin da hannu zai iya ɗauka yana da awo uku, wato tsawo da faɗi da tsayi, kuma idon ɗan Adam bai taɓa ganin hanya ta huɗu da ta saɓa wa waɗannan ukun ba. Duk da haka masana lissafi sun daɗe suna aiki da siffofi masu awo huɗu, tun lokacin da Ludwig Schläfli, mutumin Suwizalan, ya gano a shekarun 1850 cewa cikakkun siffofi masu fuskoki iri ɗaya guda shida ne a can, alhali a namu filin biyar ne kacal. Wanda ba masanin lissafi ba, hanyar da ta fi masa sauƙi ita ce ya gina wata ƙasa a zuciyarsa wadda awonta bai kai namu ba, ya zauna cikinta har ya saba, sannan daga nan ya hangi abin da ya fi ƙarfin idonsa. Wani shugaban makaranta a Landan mai suna Edwin Abbott ne ya yi fice da wannan dabara a littafinsa Flatland na 1884.

Ka fara da shimfiɗa ƙasar. Ka ƙaddara fuskar wani tafki da iska ba ta kaɗa shi, ka zuba mata mazauna marasa kauri ko kaɗan, masu siffar da'ira da alwatika da murabba'i, waɗanda ke yawo gabas da yamma, kudu da arewa, amma ba su san sama ba balle ƙasa. Gidajensu zane ne kawai mai ƙofa a gefe, kuma layi guda da aka ja ya ishe su katanga, domin tsallakewa ba ta cikin abin da za su iya.

A nan ne akasarin masu gwada wannan aiki suke ɓata shi, saboda sukan ci gaba da kallon ƙasar daga sama, inda komai yake a fili. Wajibi ne ka sauko da idonka daidai da fuskar ruwan. Ɗora kwabo a kan tebur, ka durƙusa a hankali har idonka ya zo daidai da bakin teburin, za ka ga da'irar ta matse ta koma siririn layi. Abin da mazaunin tafki yake gani ke nan dukan rayuwarsa: layuka, wasu gajeru wasu dogaye, kuma sai ya zagaya maƙwabcinsa kafin ya gane ko alwatika ne ko murabba'i. A ganina wannan mataki ya fi sauran muhimmanci, kuma wanda ya yi gaggawar wuce shi ba zai amfana da abin da ke gaba ba.

Idan idon ya zauna, sai ka fara kawo baƙi daga duniyarmu. Nutsa ƙwallo cikin tafkin sannu a hankali. Mazauna za su ga ɗigo ya ɓullo ba tare da ya shigo ta kowace hanya ba, ya zama da'ira tana girma har ta kai iyakarta, ta riƙa ƙanƙancewa, ta ɓace. Idan yatsu biyar ka tsoma, abubuwa biyar dabam-dabam za su gani, kuma ba za su taɓa zaton hannu ɗaya ne ba. Daga nan ka sami sabulu ko doya ka yanka ta mai fuska shida daidai wa daida irin dunƙulen Maggi, ka riƙa yanka ta fale-fale daga kusurwa ɗaya zuwa wadda ke fuskantarta ta ciki. Yankan farko alwatika ne, na tsakiya kuma siffa ce mai gefe shida, sannan alwatika ta dawo a juye. Da wuya mutum ya yarda da wannan sai ya yanka da hannunsa.

Yanzu sai ka juya lamarin, ka zama kai ne mazaunin tafki. Da ƙwallo mai awo huɗu zai ratsa ɗakinka, abin da za ka gani shi ne ɗigo a tsakiyar iska, ya kumbura ya zama ƙwallo, ya sake sacewa har ya ɓace. Kuma kamar yadda kake ganin cikin gidan mazaunin tafki ba tare da ka buɗe ƙofarsa ba, haka mai kallo daga awo na huɗu zai ga abin da ke cikin akwatin da aka kulle, ya ɗauke shi ba tare da ya taɓa kwaɗon ba.

Inuwa ma hanya ce ta leƙe, kuma ta fi yanka nuna siffar gaba ɗaya. Gina dunƙule mai fuska shida da tsinken tsintsiya goma sha biyu da ƙananan curin laka takwas, ka haska shi da fitilar waya daga sama, kusa-kusa. Inuwar da za ta faɗi a ƙasa ƙaramin murabba'i ce cikin babba, da layuka huɗu da suka haɗa kusurwoyinsu, ko da yake ka san duk tsinkayen tsawonsu ɗaya. Ɗan'uwansa mai awo huɗu, wanda masanin lissafi Charles Hinton ya raɗa wa suna tesarak a 1888, inuwarsa a duniyarmu ƙaramin dunƙule ne cikin babba. Kana iya ƙirga sassansa da kanka: layi yana da kai 2, murabba'i kusurwa 4, dunƙule 8, saboda haka tesarak 16. Gefuna kuwa ana ninka na baya sau biyu a ƙara adadin kusurwoyinsa, wato 12 sau biyu a ƙara 8, ya ba da 32. Fuskokinsa murabba'ai 24 ne, kuma dunƙule 8 ne suka kewaye shi.

Ya kamata a rarrabe wannan da maganar lokaci a matsayin awo na huɗu, wadda masanin lissafi Hermann Minkowski ya tsara a 1908 bisa aikin Einstein, domin a nan hanya ce ta fili ake nufi. Haka kuma wannan aiki atisayen lissafi ne, ba da'awar sanin gaibu ba.

Gwaji na ƙarshe shi ne na hagu da dama. Yanka takarda a siffar tafin hannun hagu, ka ajiye ta a tebur, ka juya ta yadda ka ga dama ba tare da ka ɗaga ta ba, ba za ta taɓa zama ta dama ba. Da zarar ka ɗaga ta ka kife, ta zama. Masanin lissafi August Möbius ya lura tun 1827 cewa haka abin zai kasance ga abubuwa masu awo uku, don haka takalmin ƙafar hagu da aka ɗaga zuwa awo na huɗu aka kife zai dawo na ƙafar dama, kuma ƙullin igiya, komai tsaurinsa, zai warware a can ba tare da an saki bakinta ba.