Samun takardar W-2 ta aikin sojan Amurka bayan an rufe maka myPay

Duk wanda ya daɗe a cikin al'ummarmu ta Amurka ya ga yadda yaranmu, daga Bronx har zuwa Greensboro, suke shiga aikin soja da katin zama na dindindin, su fito da takardar zama ɗan ƙasa da kuɗin karatu da sana'a a hannu. Abin alfahari ne, kuma babu mai musun haka. Abin da ke ba ni takaici shi ne a kowace shekara, da zarar watan Fabrairu ya kama, sai a fara kirana da tambaya guda: an sallame ni daga aiki, mai cike mini haraji yana neman W-2, ni kuma na kasa shiga myPay, shafin intanet da soja ke duba albashinsa. Mutumin da ya iya kwance bindiga ya ɗaure ta a cikin duhu sai ka same shi bai san adireshin da ke cikin fayil ɗinsa ba.

W-2 ita ce takardar da ke nuna albashin da aka biya ka a shekara da harajin da aka cire daga ciki, na tarayya da na jiha. Ga sojan ƙasa da na ruwa da na sama, hukumar DFAS ce ke fitar da ita, wato ofishin biyan albashi na ma'aikatar tsaro mai hedikwata a Indianapolis. Doka ta ce a bai wa ma'aikaci takardarsa kafin ƙarshen Janairu, amma a aikin soja galibi ana sanya ta ne a shafin myPay, ba a kawo ta akwatin wasiƙa, saboda haka mai zaman jiran ma'aikacin gidan waya zai daɗe yana jira.

Idan har yanzu kana cikin kaki, maganarka gajeriya ce. Katin shaidarka na CAC zai buɗe maka shafin a kwamfutar aiki, in kuma ya ƙi, ofishin kuɗi na barikinku yana nan. Ka tashi ka je.

Wahalar tana kan wanda ya bar aiki. A ranar sallama ana karɓe katin CAC, adireshin imel na aiki kuma yana mutuwa, alhali da yawa daga cikin ƙannenmu da katin kaɗai suka saba shiga, ba su taɓa ƙirƙirar sunan shiga da kalmar sirri ba. Wanda ya ƙirƙira ma yana da wa'adi, domin wanda aka sallama ba tare da fansho ba ana bar masa shafin na wata 13 ne kawai, daga nan a rufe. Sannan akwai lambar tabbatarwa da ake turowa ta waya ko imel a lokacin shiga. A nan ne mutanenmu suka fi faɗawa rami, saboda al'adarmu ce da zarar mutum ya sami 'yanci ya ɗauki jaka ya nufi Kano ko Maraɗi ko Kumasi ya ga iyaye, ya yi wata uku ko huɗu, ya daina biyan layinsa na Amurka har kamfani ya yanke shi. Lambar tana tafiya layin da ya mutu, imel ɗin da ke fayil na aiki ne, kalmar sirri ta wucin gadi kuma idan an aiko ta a wasiƙa tana sauka a tsohon ɗakinsa na bariki inda wani ke kwana yanzu.

Hanyar farko ga wanda ya tsinci kansa a haka ita ce askDFAS, wani sashe a shafin hukumar da ba ya bukatar asusu ko kalmar sirri. A ciki akwai fom na neman a sake fitar da takardar haraji. Za ka rubuta cikakken sunanka kamar yadda yake a takardun aiki, da lambar soshal, wato Social Security, da rundunar da ka yi wa aiki, da shekarar da kake nema, da adireshin da za a aiko. Ina jaddada maganar suna domin sunayenmu suna da rubutu iri-iri: wanda aka ɗauka aiki da Mahamadou kada ya rubuta Muhammad, wanda kuma ya canja suna ranar rantsuwar zama ɗan ƙasa ya ajiye takardar canjin kusa da shi, tare da DD-214, takardar sallamarsa. Bayan ka tura za a ba ka lambar buƙata, ka adana ta. Amsa tana ɗaukar kwanaki, a tsakiyar lokacin haraji kuma ta fi jinkiri, don haka wanda ya bari sai makon farko na Afrilu shi ya jawo wa kansa.

Hanya ta biyu ita ce kiran sashen kula da jama'a na hukumar, inda za a yi maka tambayoyin tantancewa kafin a saurare ka, kuma za su iya taimaka maka ka farfaɗo da asusun idan wa'adinsa bai ƙare ba. Mai kira daga gida ya sani cewa lambobin kyauta na Amurka sau da yawa ba sa shiga daga layukan Najeriya ko Nijar, kuma a lokacin sanyi agogonmu yana gaban na gabashin Amurka da awa 6, wato sai bayan azahar ɗinmu ofisoshinsu ke buɗewa. Game da adireshi, shawarata ita ce ka ba da na wani ɗan uwa amintacce da ke zaune a Amurka, domin takarda mai ɗauke da lambar soshal da albashin shekara ba abin da za a bar wa sa'ar gidan waya mai nisa ba ne. Kada kuma ka tura hoton takardar a zauren WhatsApp na ƙungiya kana tambayar ma'anar wani akwati na cikin takardar. Na ga an yi, kuma mutum ɗari suka karanta.

Ba kowa ne DFAS ke riƙe da takardarsa ba, kuma rashin sanin haka yana cin makonni. Dakarun tsaron gaɓar teku suna ƙarƙashin ma'aikatar tsaron cikin gida, cibiyar albashinsu tana Topeka a jihar Kansas, can za su nema. Ɗan National Guard, wato rundunar ko-ta-kwana ta jiha, da gwamnan jiharsa ya kira aikin gaggawa, kamar na ambaliya ko guguwa, jihar ce ta biya shi wannan kuɗin, ita ce kuma za ta ba shi takardarsa daban da ta tarayya. Mai karɓar fanshon soja ba W-2 yake samu a kan fanshon ba, 1099-R ce tasa, sai dai a shekarar da ya yi ritaya zai sami duka biyun. Haka nan wanda ya kwashe kayansa da kansa a lokacin canjin wurin aiki aka biya shi, yana iya samun wata W-2 ta daban a kan wannan kuɗin. Idan ya manta da ita, hukumar haraji ba ta manta ba, wasiƙa za ta biyo shi.

In duk wannan ya ci tura, sai a koma ga hukumar haraji ta IRS, wadda take da kwafin abin da aka kai mata rahoto a kanka. Ana cike fom 4506-T a aika ta gidan waya, a nemi bayanin albashi da kuɗin shiga, kyauta ne, kuma yana iya komawa baya har shekara 10. Wannan ya fi amfani ga wanda ya tara shekaru bai cike haraji ba. Yana da naƙasu biyu da ya kamata a sani tun farko. Bayanin shekarar da ta ƙare yanzu ba ya kammaluwa da wuri, sannan ba ya nuna harajin jiha da aka cire, don haka wanda jiharsa ke karɓar harajin albashi zai buƙaci wata shaidar. A nan ne takardar albashi ta wata-wata, LES, take ceton mutum, musamman ta Disamba ko ta watan ƙarshe na aiki, domin tana ɗauke da jimillar shekara. Da ita ake cike fom 4852, wanda doka ta yarda ya tsaya a madadin W-2 idan an nema ba a samu ba. Idan ainihin takardar ta iso daga baya kuma alkaluma suka bambanta, sai a gyara da fom 1040-X.

Ranar 15 ga Afrilu ba ta jiran takardar kowa. Fom 4868 yana ƙara maka lokacin miƙa takardu zuwa tsakiyar Oktoba, amma ba ya ƙara lokacin biya, idan ana bin ka kuɗi. Wasu suna jin labarin ƙarin wata 2 da ake bai wa mazauna ƙasashen waje sai su ɗauka ziyarar gida ta sa sun cancanta, alhali wannan na wanda zamansa da aikinsa suka koma waje ne. Wanda kuma gwamnati ce ke riƙe da rarar kuɗinsa, shekara 3 yake da su ya nema, bayan haka kuɗin sun tafi.

Akwai masu cike haraji a unguwanninmu, wasu ma 'yan uwanmu ne, da za su ce maka ka kawo takardar albashi ta ƙarshe kawai su tura a karɓo kuɗi da wuri. Ka ƙi. Albashin soja ba kamar na kanti ba ne: alawus na gida da na abinci ba a biyan haraji a kansu, kuɗin da aka samu a yankin yaƙi ma yana da hukuncinsa, kuma wanda bai saba ba zai haɗa komai wuri guda ya sa ka biya abin da ba a bin ka. Ma'aikatar tsaro tana da shirin cike haraji na kyauta mai suna MilTax ta hanyar Military OneSource, wanda tsohon soja zai iya amfani da shi har kwana 365 bayan sallama, ga kuma cibiyoyin VITA na masu aikin sa kai da ke taimaka wa mutane cike haraji kyauta.

Wannan bambancin alawus ɗin yana da wani tasiri da sababbin fitowa ba sa hange. Adadin da ke akwatin farko na W-2 ya kan yi ƙasa da abin da mutum ya saba gani a banki. Na raka wani ƙaninmu neman hayar gida, mai gidan ya dubi takardar ya ce kuɗin shigarsa bai kai ba, sai da muka koma da takardun LES da bayanin banki kafin ya sauko. Haka abin yake ga mai son ɗauko matarsa daga gida, domin fom I-864 na ɗaukar nauyi yana neman shaidar harajin shekarar da ta gabata. Soja mai kan aiki da ke ɗauko mata ko ɗa ana neman kuɗin shigarsa ya kai ma'aunin talauci na gwamnati daidai, amma da ya ajiye kaki sai a koma neman kashi 125 cikin 100 kamar kowa. Na ga auren da amarya ta ƙara zaman jira a gidan iyayenta saboda takarda guda ta ɓace.

Iyaye da matan aure su ma su sani cewa ba za a ba su takardar wani ba, ko da ɗansu ne ko mijinsu, saboda dokar sirrin bayanai ta 1974. Wanda zai yi doguwar tafiya ya rubuta wa matarsa ko yayansa takardar wakilci, ofishin shari'a na bariki yana yin ta kyauta ga mai kan aiki. Kafin ranar miƙa katin CAC kuma, ya zauna ya ƙirƙiri sunan shiga da kalmar sirri, ya sauya imel ɗin aiki da nasa na kansa, ya gyara adireshi, ya sauke W-2 na shekarun da ke shafin tare da takardun LES, ya buga su a takarda ya haɗa da DD-214 a jaka guda. Idan ya ƙaura bayan haka, fom 8822 ne ke sanar da IRS sabon adireshinsa.