Yadda ake shirya wasan bidiyo da zai sa mai kallo ya tuhumi idonsa

Mutanenmu sun yarda da bidiyo fiye da kima. Da an turo abu a WhatsApp sai ka ji ana cewa ai gani ya kori ji. Akwai masu fasaha da sana'arsu ke nan, su yi wasa da jikinsu gaban kyamara don su girgiza wannan yarda. A 1974 Ba'amurke Dan Graham ya shirya ɗaki mai madubai da kyamara da allo, in ka shiga sai ka ga kanka a allon kana yin abin da ka yi daƙiƙa 8 da suka wuce. Kai ma za ka iya yin irin wannan aiki a nan Maraɗi da wayar hannu, ta dabarar juya bidiyo baya.

Dabarar tsohuwa ce. Tun 1896 'yan'uwan nan Lumiyar na Faransa, waɗanda ke cikin masu shirya fim na farko, suka ɗauki hoton rushe wani bango, in aka juya fim ɗin sai bangon ya tashi daga ƙura ya tsaya. Abin da za ka ƙara shi ne mutum ɗaya da zai yi tafiya da baya lokacin ɗauka. Idan aka juya bidiyon, shi kaɗai zai riƙa tafiya gaba, duniya duka tana komawa baya.

Fara da zaɓen wuri mai motsi: titi kusa da babbar kasuwa inda kabu-kabu da amalanke ke kai da kawo, ko teburin mai shayi. Mai shayi ya fi, domin shayin da ake zubowa daga sama zai riƙa hawa yana komawa cikin buta, kuma ba mai ganin haka bai tsaya ba. Ka nemi izinin masu wurin tukuna, wanda bai so a ɗauke shi ka kauce masa, kada kuma ka kusanci wurin jami'an tsaro da kyamara.

Sai horar da ɗan wasan, kuma nan aikin yake. Mai tafiya gaba diddige yake fara ajiyewa, ya ɗaga da yatsu. Saboda haka mai tafiya da baya sai ya fara dafa ƙasa da yatsu, ya sauke diddige, ya riƙa kaɗa hannu kamar yadda ya saba, kansa a miƙe, ba waiwaye. Wani ya tsaya bayansa, wajen da kyamara ba ta kama shi, yana gaya masa hanya. Abubuwa biyu ke tona asiri: ƙura da babbar riga. A kan rairayi za a ga ƙura tana komawa ƙarƙashin takalmi, riga mai faɗi kuma tana kaɗawa ta inda bai kamata ba. A sa masa tufafi daidai jiki, a nemi ƙasa mai tauri. Ni dai nakan so a bar 'yar ƙurar kaɗan, don mai lura ya samu abin kamawa.

Kafa wayar a kwance, a kan ƙafar kyamara ko bulo, kada ta motsa. Ɗauki minti ɗaya ko biyu ba yankewa, da hantsi ko bayan la'asar, saboda ranar tsaka tana ƙone hoto. Juyawar ba wuya, manhaja irin CapCut tana da maɓallinta.

Sauti kuwa kada ka juya shi tare da hoton. Ka naɗi hayaniyar wurin daban ka ɗora ta yadda take. Kunne zai ce komai lafiya, ido ya ce a'a, mai kallo ya rasa wanda zai gaskata.

Wajen nunawa, bayan isha'i ka rataya farin zanen gado a bangon tsakar gida ko na makaranta, ka haska da majigi, ka tanadi batir ko da wuta za ta ɗauke. Ɗan wasan ya fito da tufafin da ya sa a bidiyon, ya riƙa tafiya a hankali gaban zanen, wani lokaci gaba, wani lokaci baya, inuwarsa na faɗawa kan hotonsa.

Kada ka tashi taron a nan, in ba haka ba ka zama mai rufa-ido kawai, wasu ma su ce da aljanu kake aiki. Tambayi mutane wa ke tafiya daidai a cikin bidiyon, ka bar su su yi gardama. Dattijo in ya yi magana ka ce "Baba, me ka gani?", ka saurara har ya gama. Daga nan ka nuna ainihin abin da ka ɗauka, ba juyi, sannan ka miƙa wa wani yaro wayar ya danna maɓallin da hannunsa a gaban kowa.