Kurakuran da ke kashe furen daliya a gidajenmu, daga Ngaundare zuwa Marwa

Daliya furen kan tudu ce. Asalinta duwatsun ƙasar Meziko, inda rana ke da ɗumi, dare kuma da sanyi. Daga can aka kai irinta Madrid a 1789, aka raɗa mata sunan wani masanin tsirrai ɗan Suwidin, Anders Dahl, kuma a 1963 Meziko ta mai da ita furen ƙasa. Wanda ya riƙe wannan asali nata, zai gane abin da ya sa take yabanya a Ngaundare, garin ƙasar Kamaru da ke kan tudun Adamawa sama da mita 1,000, amma take shan wuya a Garwa, cikin kwarin Binuwai, inda zafin Maris da Afrilu kan haura digiri 40.

Daga nan kuskuren lokaci yake farowa. Mutum zai ga a intanet an ce a shuka a Afrilu ko Mayu, sai ya bi, bai san wannan lissafin mutanen Faransa ba ne, masu jiran ƙanƙara ta wuce. A Ngaundare abin yakan yi daidai, don lokacin ne ruwa ke sauka. A Garwa da Marwa da Njamena kuwa, tsakiyar bazara ke nan, ƙasa ta yi zafi har saiwar ta dahu a rami. Mu na ƙasa-ƙasa, lokacinmu ƙarshen damina ne, daga ƙarshen Oktoba zuwa Nuwamba, ta yadda za ta yi fure cikin sanyin hunturu. A zaɓa mata inda hantsi ke samunta, katanga ko bishiya ta kare ta daga ranar azahar. Kada a damu in ba ta kai tsayin ta cikin hoto ba. Gajeruwar rana takan sa ta yi saurin fure da ƙulla saiwa.

Abin da ya fi ci min rai shi ne yadda ake raba saiwar. Da yake ta yi kama da dankalin Hausa, sai a ɓalle ta ɗai-ɗai, ko a yanka gunduwa-gunduwa a binne, a zauna jiran tsiro. Ba zai fito ba. Idon daliya ba a jikin saiwar yake ba, yana can sama, a gindin tsohon kara inda wuyan saiwar ya haɗu da shi. Ɗauko tushen ki duba da kyau: za ki ga ɗan ƙurji mai ruwan hoda ko fari-fari, bai kai ƙwayar gero biyu ba. Shi ne idon. Kowace saiwa sai ta tafi da guntun gindin mai ido, wuyanta kuma bai karye ba. Idan idon bai nuna ba, a ajiye tushen cikin yashi mai ɗan danshi a inuwa har ya toho, sannan a sa wuƙa mai tsabta, a bar yankan ya bushe kwana ɗaya kafin a shuka.

Sai ruwa, wanda ya fi fari kashe ta. Saiwar da aka binne ba ta da jijiyar shan ruwa tukuna, ga ta cike da nata. Idan aka dinga kwarara mata bokiti safe da yamma cikin ƙasa mai ɗumi, in an tona sai a tarar ta yi laushi, ta koma ruwan ƙasa, tana wari, yatsa na nutsewa ciki. A jiƙa ƙasar sau ɗaya, a kwantar da saiwar a zurfin santimita 10 zuwa 15, ido yana kallon sama, a ƙyale ta sai in ƙasar ta bushe ƙayau. Bayan tsiro ya fito ne take son ruwa sosai, a gindi, da sassafe. Baƙar lakar nan ta wajen Marwa da ke riƙe wa masakwa, dawar rani, ruwa, ga daliya ajali ce. A yi kunya mai tsayi, a gauraya yashi da ruɓaɓɓen taki, ko a shuka a babbar tukunya mai huda a ƙasa. Ko a Ngaundare ma, ruwan Agusta yakan kwanta, don haka kunyar ba ta da makawa.

Takin zamani na yuriya da ɗanyen kashin kaji ganye kawai suke ba ta, fure ya yi ƙaranci, kara ya yi lagwani.

Karan nan kuwa rami ne a cikinsa, iska ɗaya ta hadari ta isa ta karya shi. Mutane sai sun ga ta kwanta suke neman sanda, su kafa ta tsakiyar saiwa su huda ta. Ranar shuka ake kafa sanda, kafin a rufe rami, a riƙa dubawa ko gara ta kama ta. Idan tsiron ya kai kamar santimita 30, a tsinke kansa da farce. Na san da ciwo, amma haka ne zai yi rassa, furen ya yawaita.

Wajen cire furen da ya gama, da yawa sukan yanke wanda bai buɗe ba. Sabon ƙulli zagaye yake, da tauri. Wanda ya zubar da furensa yana da tsini, in an matsa shi da laushi. Shi za a yanke, har zuwa gaɓar ganye ta ƙasa.

Idan ganye ya yi rawaya, zafi ya fara shigowa wajen ƙarshen Fabrairu, a daina ban-ruwa, a sare karan a bar ɗan guntu, a tone tushen a hankali daga nesa. Kada a shanya shi a rana, kada kuma a ɗaure shi a leda. A bar shi ya sha iska a inuwa, a binne cikin busasshen yashi ko dusar katako, a ajiye a ɗakin da ya fi sanyi a gidan, ɗakin ƙasa ya fi na kwano. A riƙa leƙawa duk wata, wadda ta fara ruɓewa a cire ta tun ba ta shafi sauran ba.